Hukuncin Amfani Da Fasasshiyar Manhaja A Masana'antu Da Wuraren Sana'a



Ya kai ɗan'uwa mai karatu, ya ke 'yar'uwa, akwai tambayar da take yawan zuwa daga injiniyoyi, da masu zanen gine-gine, da masu injin yankan ƙarfe, da masu ɗinkin kwamfuta. Lafazinta yana bambanta amma ma'anarta ɗaya ce: manhajar da nake neman abinci da ita fasasshiya ce, irin wadda ake ce wa kirak, ban biya kuɗin lasisinta ba, kuma kuɗin ya fi ƙarfina. Shin ina da laifi a wurin Allah? Kuɗin da nake samu da ita halal ne? Ba a yanke wa abu hukunci sai an san haƙiƙaninsa, don haka da nan za mu fara.

Me kake saya idan ka biya kuɗin manhaja?

Idan ka sayi guduma ta zama taka, ka sayar ko ka bayar aro. Manhajar masana'antu ba haka take ba. Abin da kamfani yake ba ka izini ne na amfani bisa sharuɗɗa: kwamfuta nawa, mutum nawa, tsawon wane lokaci, don kasuwanci ko don koyo kawai. Wannan izinin shi ne lasisi, kuma a ma'aunin fiƙihu ya fi kusa da haya a kan ciniki. Kamfanin Autodesk na Amurka, mai AutoCAD, ya daina sayar da sabon lasisin dindindin tun 2016, sai dai a biya wata-wata ko shekara-shekara. SolidWorks na kamfanin Dassault Systèmes na Faransa, da TIA Portal na Siemens na Jamus wanda ake tsara na'urorin PLC masu sarrafa injinan masana'anta da shi, da Mastercam na injinan yanka, da Wilcom na Ostiraliya da masu aikin wuyan riga na kwamfuta suka sani, duk da lasisi ake amfani da su.

Kamfanonin ba su tsaya ga rubuta sharaɗi ba, sun sa makulli. Wata manhajar lambar sirri take nema, ta ɗaure kanta da kwamfuta guda. Wata ba ta buɗewa sai an soka wata 'yar na'ura mai kama da filash da ake kira dongul, kamar Sentinel ko CodeMeter na kamfanin Wibu-Systems. A manyan ma'aikatu kuma akan ajiye lasisi a kwamfuta guda ta tsakiya, da tsari irin na FlexNet: idan kamfani ya sayi gurbi biyar, mutum na shida sai ya jira wani ya tashi. Na zamani suna neman ka shiga da asusunka ta intanet lokaci zuwa lokaci.

Aikin kirak shi ne ya canza fayil ɗin da yake duba lasisi, ko ya yaudari manhajar ta zaci an soka dongul alhali ba a soka ba. Riƙe wannan da kyau, domin hukunci zai dawo kansa: wanda ya fasa makulli ba zai ce bai san mai kaya ya hana ba. Shi kansa makullin furuci ne na hani.

Sannan akwai bibiya. Da yawa daga waɗannan manhajoji suna aika wa masu su bayani ta intanet idan suka gano an taɓa makullinsu, kamar lambar intanet ta wurin da ake amfani da su da alamomin kwamfutar. Daga nan sai wasiƙar lauya ta iso. Siemens ta sha shigar da ƙara a kotunan Amurka a kan mutanen da ba ta san sunayensu ba sai lambar intanet ɗinsu, ta nemi kotu ta sa kamfanin sadarwa ya bayyana su. Ƙungiyar BSA, wadda manyan kamfanonin manhaja suka kafa a 1988, tana karɓar rahoto daga ma'aikata a kan wuraren aikinsu, har tana ba da tukwici a wasu ƙasashe. A Nijeriya, dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta kare manhajojin kwamfuta kuma ta hana keta makullan kariya. Nijar kuma tana cikin ƙungiyar OAPI ta ƙasashen Afirka masu kare haƙƙin fasaha.

Shin abin da ba a taɓawa da hannu dukiya ne?

Nan ne asalin saɓanin. Magabatan Hanafiyya sun taƙaita dukiya ga abin da ake iya riƙewa a adana. Malikiyya da Shafi'iyya da Hanabila kuwa suna ɗaukar amfani a matsayin dukiya, shi ya sa ya halatta a yi sadaki da shi, kamar yadda Annabi (SAW) ya aurar da wata mata ga wani sahabi a kan abin da ya haddace na Alƙur'ani ya koyar da ita, a hadisin da Bukhari da Muslim suka ruwaito. Bisa fahimtar farko ne wasu malaman zamani, kamar Mufti Muhammad Shafi' na Pakistan, suka ga cewa haƙƙin wallafa ba abin sayarwa ba ne, kuma wanda ya sayi littafi yana da ikon yin abin da ya ga dama da shi. Wannan ra'ayi ne na malami mai daraja, ba a raina shi.

Sai dai mafi yawan malaman wannan zamani sun tafi a kan akasin haka. Majalisar Fiƙihun Musulunci ta Duniya, wadda take ƙarƙashin ƙungiyar OIC, ta zauna zamanta na biyar a Kuwait a watan Jumada Ula 1409, daidai da Disamba 1988, ta fitar da ƙuduri mai lamba 43. A ciki ta tabbatar da cewa sunan kasuwanci, da tambari, da wallafa, da ƙirƙira haƙƙoƙi ne na masu su, suna da ƙima ta dukiya a al'adar yau, Shari'a tana kare su kuma bai halatta a yi ta'addanci a kansu ba. Kwamitin Fatawa na Dindindin na Saudiyya ya yi fatawa a kan manhajar kwamfuta kai tsaye, cewa bai halatta a kwafi wadda masu ita suka hana kwafa ba sai da izininsu, Musulmi ne mai ita ko wanda ba Musulmi ba da ba a yaƙi da shi. Shaihu Ibn Usaimin ya sassauta ga mai kwafa don amfanin kansa, amma da sharaɗin mai abin bai fito fili ya hana ba. In ya hana, to babu sauƙin. Mutane suna yawan ɗauko rabin farko na wannan fatawa su bar na biyun. Manhajar da aka sa wa dongul, ina sauran maganar ba a hana ba?

Hujjojin sanannu ne. Aya ta 29 ta Suratun Nisa'i ta hana cin dukiyar juna da ɓarna, ta halatta kasuwancin da aka yi da yardar juna. Ayar farko ta Suratul Ma'ida ta yi umarni da cika ƙulle-ƙullen alkawari. Hadisin da Abu Dawud da Tirmizi suka ruwaito ya nuna Musulmi suna tsayawa a kan sharuɗɗan da suka ɗauka, matuƙar sharaɗin bai halatta haram ko ya haramta halal ba. Wani hadisin kuma ya nuna dukiyar mutum ba ta halatta sai da daɗin ransa.

Abin da ya fi rinjaye, ke nan, shi ne amfani da fasasshiyar manhaja don neman kuɗi bai halatta ba. Amma kada ka kira shi satar da take wajabta haddi. Satar haddi tana da sharuɗɗa, daga ciki a fitar da dukiya daga ma'ajiyarta a ɓoye, mai ita ya rasa ta. A nan asalin yana hannun mai shi, ga kuma saɓanin malamai wanda shi kansa shubuha ce da take kawar da haddi. Ta'addanci ne a kan haƙƙi, hukuncinsa a duniya ta'aziri ne da biyan diyya gwargwadon abin da hukuma ta gani.

Uzururrukan da ake kawowa

Mafi yawan abin da za ka ji shi ne: ai kamfanonin na kafirai ne. Wannan ba hujja ba ce. Mugira ɗan Shu'uba, kafin ya musulunta, ya yi tafiya da wasu mutane ya kashe su ya kwashe dukiyarsu, sannan ya zo Madina. Bukhari ya ruwaito a ƙissar Hudaibiyya cewa Annabi (SAW) ya karɓi Musuluncinsa amma ya barranta daga dukiyar, domin da yaudara aka same ta. Malaman tarihi kuma sun ambata cewa a daren hijira an bar Aliyu (RA) a Makka ya mayar wa mutane ajiyarsu, alhali mutanen garin ne suke neman ran Manzon Allah. Idan kana ƙin wani kamfani saboda matsayinsa a kan Musulmi, hanyarka ita ce ka ƙaurace wa kayansa. Ba a ƙaurace wa kaya ana kuma cin amfaninsa kyauta.

Wasu kuma su ce ɓoye ilimi haram ne, su kawo hadisin linzamin wuta. Hadisin gaskiya ne, amma ba nan ne muhallinsa ba. Lissafin ƙarfin ginshiƙi da ilimin zane suna cikin littattafai da makarantu, babu wanda ya kulle su. Abin da aka kulle kayan aiki ne da ɗaruruwan ma'aikata suka shafe shekaru suna ginawa ana biyan su albashi. Maƙeri bai ɓoye ilimin noma ba don ya ce sai ka biya kuɗin garma.

Uzurin da ya fi nauyi shi ne tsada, kuma ba a musanta shi. Kuɗin da injiniyan Jamus yake biya daga ribar aiki ɗaya, matashin da ya buɗe ofis a Kano ko Maraɗi zai iya shekara bai tara shi ba, musamman da faɗuwar darajar kuɗi. To amma larurar da take halatta haram ita ce wadda in ba a yi ba rai ko gaɓa ko abin da ya yi kama da su zai salwanta, kuma babu wata mafita. A nan sau da yawa akwai mafita. FreeCAD da LibreCAD na zane kyauta ne, KiCad na zanen allon lantarki kyauta ne, LinuxCNC yana tuƙa injinan yanka, Ink/Stitch yana shirya zanen ɗinki. Akwai masu araha kamar BricsCAD da ZWCAD da suke buɗe fayilolin AutoCAD. Autodesk tana ba ɗalibai da malamai lasisin koyo kyauta, Siemens tana ba da gwajin TIA Portal na kwana 21. Gaskiya ne na kyautar ba su kai waɗancan daɗin aiki ba, kuma sauyawa tana cin lokaci. Wannan wahala ce da ake iya ɗauka, ba larura ba. Ka lura kuma lasisin ɗalibi na koyo ne. Ranar da ka karɓi kuɗin kwangila da shi ka fita daga sharaɗin.

Akwai wani abu da masu masana'anta ya kamata su sani ko da ba a yi maganar haƙƙi ba. A watan Yuli na 2022 kamfanin tsaro na Dragos ya bayyana cewa wata manhaja da ake tallatawa a intanet don fasa kalmar sirrin na'urorin PLC tana fito da kalmar da gaske, amma tana dasa ƙwayar cutar kwamfuta mai suna Sality a kwamfutar injiniyan. Wanda ya fasa maka makulli kyauta ba don Allah ya yi ba. Idan kwamfutar da take sarrafa tukunyar tururi ko injin matsa ƙarfe ta kamu, rayukan ma'aikata ne a tsakiya, kuma su amana ce a wuyan mai wurin.

To kuɗin da na riga na samu fa?

Nan mutane suke faɗawa ɗayan gefe biyu: wani ya ce babu komai, wani ya ce duk abin da ya ci da iyalinsa haram ne har ya shiga waswasi. Mafi kusa da daidai shi ne a kwatanta da wanda ya yi aiki da kayan aikin da ya ƙwace. Zanen da ka yi halal ne a kan kansa, kuma ladan da ka karɓa na ƙwarewarka ne da guminka, don haka ba a ce ya haramta ba. Amma akwai zunubin amfani da abin da ba a ba ka izini ba, akwai kuma haƙƙin mai kayan. Shafi'iyya da Hanabila suna wajabta wa mai ƙwace biyan kuɗin hayar kwatankwacin abin, Malikiyya suna ɗora masa amfanin abin da ya yi aiki da shi. Hatta Hanafiyya, da ba su lamuntar da amfani a asali, malamansu na baya sun toge dukiyar waƙafi, da ta maraya, da abin da aka tanada don a ba da shi haya. Manhajar da ake biya shekara-shekara kuwa don haya aka tanade ta.

Don haka tuba a nan ita ce ka daina, ka yi nadama, ka goge fasasshiyar, sannan ko ka sayi lasisi ko ka koma ga wadda ta halatta. Sayen lasisin shi ne hanya mafi sauƙi da kuɗi zai isa ga masu haƙƙi. Idan ba ka da hali yau, ka ƙulla niyya ka sa wa kanka lokaci, ka riƙa sa kuɗin lasisi a cikin farashin aikinka kamar yadda kake sa kuɗin man janareta. Ke ma da kike da keken ɗinkin kwamfuta a gida, hukuncin ɗaya ne, ƙanƙantar sana'a tana rage yawan haƙƙin amma ba ta shafe shi.

Mai sayar da kirak da mai karɓar kuɗi yana sa wa mutane, lamarinsu ya fi tsanani, domin su kuɗin da suke karɓa na aikin da aka hana ne kansa, kuma ya shiga taimakekeniya a kan saɓo da aya ta 2 ta Suratul Ma'ida ta hana.

Shin duk abin da kamfani ya yi daidai ne?

A'a. Tabbatar masa da haƙƙi ba ya nufin wanke shi. Yarjejeniyar da kake danna "na yarda" a kanta ba ka da ikon canza ko harafi a cikinta, irin wannan ce malamai suke kira uƙudul iz'an. Majalisar Fiƙihun da aka ambata ta tattauna su a zamanta na 14 a Doha a watan Janairu na 2003, ta ɗora wa hukuma alhakin duba su da gyara sharuɗɗan zalunci da farashin da ya wuce kima a abin da jama'a ba su da makawa daga gare shi. Kuma ana samun wuce gona da iri. A Disamba 2023 wasu masana kwamfuta na Foland masu suna Dragon Sector suka bayyana cewa sun gano umarni a manhajar jiragen ƙasa na kamfanin Newag da yake hana jirgi tashi idan an kai shi gyara a wasu wuraren da ba na kamfanin ba. Newag ya musanta. A Janairu 2025 hukumar kasuwanci ta Amurka, FTC, ta kai kamfanin John Deere kotu bisa zargin hana manoma cikakkiyar manhajar gyaran tarakta da suka saya da kuɗinsu. Makullin da yake hana a yi amfani ba biya abu ne daban, makullin da yake hana mai inji gyara injinsa abu ne daban. Sai dai gyaran wannan na hukuma ne da kotu da ƙungiyoyin masu sana'a, ba kowa ya yanke wa kansa hukunci ba.

Daga nan za ka gane halin wanda ya biya kuɗinsa cikakke, sai dongul ɗinsa ya ƙone ko ya ɓace. Ya fara da komawa ga kamfani ko wakilinsa, domin galibi suna da tsarin musanya. Idan kamfanin ya rushe ko ya yi watsi da manhajar, injin da ya dogara da ita kuma zai tsaya, to wannan ba daidai yake da wanda bai taɓa biya ba, domin amfanin da ya riga ya saya yake nema. A ganina akwai sauƙi a nan gwargwadon abin da ya biya, kwamfuta ɗaya in ɗaya ya saya, bayan ya kai takardunsa ga malamin da ya fahimci lamarin kuma ya duba dokar ƙasarsa.

Haka wanda ya sayi inji na hannu ya zo da manhajarsa. Dokoki sun bambanta: kotun Tarayyar Turai a shari'ar UsedSoft da Oracle a 2012 ta yarda a sake sayar da lasisin dindindin matuƙar mai sayarwa ya daina amfani da nasa, ita kuwa wata kotun ɗaukaka ƙara ta Amurka a shari'ar Vernor da Autodesk a 2010 ta ce mai lasisi ba mamallaki ba ne da zai sayar. Kafin ka biya kuɗin injin, ka tambayi mai sayarwa takardar lasisi, ka sa mayar da shi da sunanka cikin sharuɗɗan ciniki.

Idan wasiƙar kamfani ta same ka, ka fara tabbatar da cewa daga gare su take, domin 'yan damfara ma suna aika irinta. In ta tabbata, kada ka yi ƙarya, kada ka rantse a kan abin da ka san ba haka yake ba. Ka nemi lauya, ka nemi sulhu da ragi ko biya kashi-kashi. Sulhu halal ne, kuma neman a rage maka ba laifi ba ne.

Saura ma'aikacin da ya tarar maigidansa ya sa fasasshiyar manhaja a ofis. Mafi girman alhakin yana kan wanda ya ba da umarni kuma yake da ikon saye. Kai ka yi masa nasiha a keɓe, ka nuna masa haɗarin tara da na ƙwayar cuta, ka kawo masa farashin lasisi da madadinsa, kuma kada ka zama kai ne mai fasawa da hannunka. Ba a wajabta maka ajiye aikin da kake ciyar da iyali da shi nan take ba, amma ka ƙi abin a zuciyarka ka ci gaba da neman gyara. Batun kai rahoto don samun tukwici kuwa, ka binciki niyyarka tukuna. Wanda bai taɓa buɗe baki ya yi nasiha ba tsawon shekarun da yake karɓar albashi, sai ranar da aka sallame shi ya tuna da haƙƙin kamfanin Amurka, ya san abin da ya motsa shi. In ka yi nasiha an ƙi, kuma aka tambaye ka a gaban hukuma, to ka faɗi abin da ka sani ba ƙari ba ragi.

Allah ne Mafi sani.